Faɗan da Malam Sa'adu Ya Tara a Tulu

Malama Safara'u tana karantar da matan aure a gidanta a Wurno, kuma kowa ya san idan ta fara faɗa ba ta tsayawa sai ta kai ƙarshe. Mijinta, Malam Sa'adu, ya fi kowa sani. Shi ya sa abin da ya soma faruwa bayan damina ya ɗaure mata kai.

Sai Malam ya yi laifi, kamar ranar da ya bar awaki suka shiga shanyar wake. Ta zo ta tsaya a kansa, ta ja numfashi, ta ce, "Malam, wai kai..." Kawai sai ta ji maƙogwaronta ya bushe, inuwar katanga ta matsa, ita kuma tana cewa, "iyakar maganata ke nan." Tsakiyar faɗan babu. Malam ya gyaɗa kai da ladabi ya ce, "Na jiya, Malama, Allah shi huci zuciyarki," ya zura takalmi ya fice yana murmushi.

Abin ya yi ta maimaituwa. Ga gajiyar faɗa a jikinta, amma zuciyarta ba ta yi sanyi ba. Wata Laraba da hantsi ya ce zai duba gona a hanyar Sisawa, sai ta yafa mayafi ta bi shi daga nesa. Bai shiga gona ba. Wata tsohuwar rumfar ajiye albasa ya shiga, wadda warinta ya hana kowa zuwa kusa. Ta laɓe a jikin zana tana leƙe.

Dattawan malamai ne zaune, sun kewaye wata sanda da aka kafa a inda rana ke shigowa. Ta gane shugabansu, Malam Lawwali na Rabah, abokin marigayi mahaifinta. Daga maganarsu ta fahimci sunansu 'Yan Inuwa, kuma sun daɗe suna nazarin lokaci a ɓoye, har sun iya datse shi su karkatar, yadda mai noman rani ke yi da ruwa. Wani Malam Nasrullahi daga Goronyo yana ba da bayani: ya yanki kaɗan daga barcin ranar wani tsoho a Rimawa, ya ƙara wa wani masunci da kwalekwalensa ya kife, har mutane suka kai gare shi.

"Madalla," in ji Malam Lawwali. "Ku dai tuna ƙa'ida. Ba a taɓa lokacin salla, ba a gajarta azumi, kuma ba wanda za shi yi don amfanin kainai."

Safara'u ta ɗaga zana ta yi sallama. Malam Sa'adu ya miƙa hannu da sauri wajen sandar, ta ce, "Malam, in ka taɓa ta, yau ba ka cin tuwo." Ya janye hannun.

Ta durƙusa ta gai da Malam Lawwali, ta zayyana ƙararta tiryan-tiryan. Malaman suka sunkuyar da kai, kafaɗunsu na rawa don dariya.

Malam Lawwali ya ce, "Sa'adu, mi kac ce?"

"Allah gafarta Malam, lokacin faɗanta da na datse ban zubar ba. Shina nan dut cikin tulu, bayan rumbu. Na ɗauka ko wata rana a buƙace shi wajen aikin alheri."

"Haƙƙinta na," in ji Malam Lawwali, yana share zufa duk da iskar da ke kaɗawa. "Yau bayan la'asar ka buɗe mata, ka zauna ka saurara."

Haka aka yi. Ya buɗe tulun a tsakar gida, rana ta tsaya cak a kan bishiyar darbejiya, kazar da ke tono ta daskare da ƙafa ɗaya a sama. Safara'u ta gyara zama. Ta faro daga awaki, ta bi ta kan rufin ɗakin da ya ce zai gyara tun bara, ta sauka a kan ƙanensa da ya ari tukunyar biki ya dawo da ita a lotse. Malam bai motsa ba. Ta koma ta maimaita waɗanda suka fi mata daɗi. Daga nan ta laluba ta rasa abin faɗa, rana kuwa ko gezau.

"Saura da yawa?" ta tambaya.

Ya leƙa tulun. "Ko rabi ba ki ci ba."

Sai dariya ta ƙwace mata. Rabonsu da zama su biyu babu ɗalibai, babu baƙi, har ta manta. Ta ce tun da lokacinta ne, ya tayar da babur ya kai ta Goronyo ta ga madatsar ruwa, don tun suna amare yake mata alkawari. Suka rataye tulun suka tafi, suna ratsa shanu da masu keke da suka ƙame a hanya. A bakin ruwa ya toshe bakin tulun, duniya ta motsa, suka sayi soyayyen kifi suka ci da yaji. Ta yi ta ba shi labarin ɗalibanta, ya yi dariya har rawaninsa ya kwance.

Washegari da safe sai ga Malam Lawwali da kansa a ƙofar gida, ya zo tun daga Rabah da ƙwaryar zuma. Bayan doguwar gaisuwa ya rage murya.

"Ɗiyata, wagga magana ta tsaya tsakaninmu. Musamman kada ta kai kunnen Hajiya Bilkisu."

Hajiya Bilkisu matarsa ce, kuma a faɗa Safara'u ɗalibarta ce.

"Baba Malam, tulunka babba na?"

Tsohon ya dubi ƙasa. "Randa ta," ya ce.

Safara'u ta karɓi zumar ta yi godiya sosai, ta raka shi har bakin hanya. Yana hawa mota ta ce ya gaya wa Hajiya tana nan tafe gaisuwa ranar Juma'a.