Kan da Na Karɓo da Sunan Mijina

Shekara ashirin da biyu mijina Yagoro ya yi yana ɗaukar takalman ubangidanmu Tsurumaki. Aikinsa ke nan, babu wani. In ubangida ya shiga akwatin da ake ɗaukarsa a kafaɗa zuwa fada a birnin Edo, Yagoro ya bi baya rungume da takalma, in an isa ya durƙusa ya jera su. Ni kuwa, Oshige, ina madafa ina dafa wa barorin gidan shinkafa. Ba mu haihu ba, saboda haka duk faɗan da uwa ke yi wa 'ya'yanta a kansa na sauke, shi kuma ya ɗauka ba ƙorafi.

Ranar da abin ya faru ya tashi da ciwon haƙori, kuncinsa ya kumbura har ido ya shige. Ya kama ɗaura ɗamara zai fita, na tsaya a bakin ƙofa.

"Ina za ka da wannan fuskar? So kake dokin mutane ya firgita?"

"Ke dai matsa. Sunana na cikin takardar rakiya."

"Takarda ce za ta ji maka ciwon? Koma ka kwanta, wani ya ɗauki takalman yau. Ai ba ƙwai ba ne da za su fashe."

Ya koma ya kwanta. Ni na hana shi fita, kuma har yau ban gama biyan wannan ba.

A shekarun nan garin cike yake da samari marasa ubangida, kowa da takobi a ƙugu da takarda a ƙirji, wadda ke bayanin cewa Sama ce ta aiko shi ya hukunta maci amanar ƙasa. Ubangidanmu yana cikin waɗanda suka yarda a buɗe wa jiragen Turawa gaɓar teku, don haka sunansa ya daɗe a bakinsu. Da hantsi, ana yayyafi, su tara suka tare ayarin a gindin gada. Masu rakiya duk sun rufe takubbansu da jakar fata kada ruwa ya taɓa, kafin su kwance igiya an gama. Mutum biyu daga cikin namu suka mutu a wajen, sauran suka watse. Aka jawo ubangida daga akwatin aka sare masa kai. Wanda ya ɗauki kan ya gudu da rauni a ciki, bai yi nisa ba ya faɗi a ƙofar ofishin masu tsaron unguwa, ya mutu da kan a hannunsa. Gangar jikin kuwa namu suka tura cikin akwati suka sheƙo da ita gida, aka rufe ƙofa.

To ga doka. Ubangidan da aka sare a titi bai ko zare takobi ba, kuma bai riga ya rubuta magajinsa a fada ba, gidansa ya rushe. A karɓe ƙasarsa, iyali ɗari huɗu da ke cin shinkafarsa su kama gabansu. Ɗan ubangida yana nan, amma ba a rubuta shi ba tukuna, kuma matacce ba ya neman a rubuta masa magaji. Saboda haka kafin rana ta take tsakiya, babban wakilin gidan, tsoho Tatewaki, ya aika wa fada cewa ubangida ya ɗan ji rauni yana jinya a ɗakinsa. Mutum sama da ɗari sun ga abin da ya faru a gada. Fada ta aiko da gaisuwa da ƙunshin magani.

Saura kai. Yana hannun masu tsaro, kuma kai ba ya zama babu mai shi.

Tatewaki ya sa aka kira mu, ni da Yagoro. Ban taɓa taka tabarmar ɗakinsa ba sai ranar. Muka kifa goshi a ƙasa, shi kuma yana ta duban ƙeyar mijina kamar mai sayen kabewa.

"Shekarunka nawa, Yagoro?"

"Hamsin ba ɗaya, ranka ya daɗe."

"Ubangida hamsin da ɗaya. Sanƙonku ma iri ɗaya ne. Sunanka na cikin takardar rakiya, kuma babu wanda ya gan ka a waje yau. Kan da ke ofishin masu tsaro naka ne."

Yagoro ya ɗago kumburarren kuncinsa. Har ya kai hannu ya shafa wuyansa, abin tausayi abin dariya.

"Matarka za ta je ta karɓo shi," in ji Tatewaki. "Kai kuwa za mu aske ka mu kai ka haikalin kan dutse da sabon suna. Suna kawai gidan nan yake nema a wajenka. Ka ci shinkafarsa shekara ashirin da biyu."

"Ranka ya daɗe, ai kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski," in ji mijina, yana ganin ya faɗi magana mai kyau.

Ni na tambaya, don ni ba a taɓa yabona da riƙe baki ba. "Ranka ya daɗe, zan riƙa zuwa ganinsa?"

"Mata masu takaba suna ziyarar haikali," in ji shi. Na ji wannan na yarda.

Da yamma na tafi da bokitin katako mai murfi da farin ƙyalle, barori biyu na bina. Jami'in da na tarar sunansa Sekine, siririn mutum mai tsabtar farce. Ya sa aka kawo kan a faranti. An wanke shi, an taje sauran gashin an ɗaure. Sekine ya sha durƙusa wa wannan fuskar a titi, ni ma na san ya sani, shi ma ya san na sani.

"Baiwar gidan Tsurumaki, kin gane wannan?"

"Mijina ne, ranka ya daɗe. Yagoro, mai ɗaukar takalma."

"Ki duba da kyau. Ba a son kuskure a irin wannan."

Na duba. Mutumin da ban taɓa yi wa kallon ido da ido ba, ga shi ina ganin gashin hancinsa. Na tuna an ce in yi kuka, sai na rungume farantin na yi ta kiran sunan Yagoro. Abin mamaki hawayen suka zo da gaske, don ina tunanin ɗakinmu ba shi a ciki. Sekine ya jira har na gama, ya rubuta, ya miƙo mini in dangwala yatsa.

"Sannu da rashi," ya ce. "Gobe da hantsi zan zo gidanku in ga gangar jikin. Ba na rufe takarda sai na ga kai da jiki a haɗe, na auna sara da sara. Wakilinku ya san ƙa'ida."

Ban fahimci maganar ba sai da na kai rabin hanya. Bokitin na ƙirjina, ina jin kan yana gungurawa a ciki duk taku ɗaya. Nan na gane: kan da na kira da sunan Yagoro sai an nemo masa jiki, Yagoro kuwa yana nan da ransa.

Na shiga wajen Tatewaki ba sallama. Ya karɓi bokitin da hannu biyu, ya ɗaga shi sama da goshinsa, ya miƙa aka shiga da shi ciki. Sannan ya dube ni.

"Ya ce zai zo ganin jiki," na ce.

"Zai zo."

"To ai ga jikin ubangida nan. A shimfiɗa shi a rufe da tufafin Yagoro, Sekine ba zai ce komai ba. Yau ma bai ce ba."

"Ki san abin da bakinki ke faɗa. Jikin ubangidan Tsurumaki a tabarmar bara, ƙaramin jami'i yana jujjuya shi da hannu? Ban da haka ma, ubangida yana jinya. Mai jinya ba shi da gawar da zai ba da aro."

"Mutum biyun da suka mutu a gada fa?"

"An ƙirga su a wajen, an rubuta su da kawunansu a wuyansu."

A bayansa na hango farar riga sabuwa a ninke, da ɗan teburin katako mara fenti wanda ake ɗora gajeriyar wuƙa a kai ga wanda zai kashe kansa. Irin wannan riga ba a ɗinka ta cikin sa'a guda. Tun da safe aka yanka ta, tun kafin ya kira mu ya yi mana zancen haikali. Na gaya masa haka. Na gaya masa wasu abubuwan ma da ba zan maimaita ba. Bai ko ɗaga murya ba.

"Da na faɗa miki tun farko, da ba ki yi kukan da kika yi ba. An ce kin yi shi da kyau."

Yagoro na tarar a ɗakinmu zaune, an riga an gaya masa. An kuma gaya masa cewa an ɗaga shi zuwa matsayin mayaƙan gida masu takobi biyu, domin mai ɗaukar takalma bai kai ya tsaga cikinsa da kansa ba, sai dai a yanka shi kamar ɓarawo. Wannan ita ce kyautar. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne na ga ta ɗan yi masa daɗi.

"Tashi mu gudu," na ce. "Ta ƙofar da ake fitar da shara. Na san mai gadin."

"Mu je ina? Ni fa matacce ne, da yatsanki a takarda. Wace mashiga za ta bar matacce ya wuce?" Ya dafe kuncinsa. "Kuma in na gudu, gobe Sekine ya rubuta cewa kan ba nawa ba ne. Iyali ɗari huɗu, Oshige. Har da ƙanwarki da 'ya'yanta."

"Iyali ɗari huɗun su zo su ba da wuya ɗaya mana. Sai naka?"

"Nawa ne ya yi daidai." Ya gwada murmushi, kuncin ya hana. "An ce kin yi mini kuka har masu tsaro suka sunkuyar da kai. Ashe dai kina sona. Shekara ashirin ban da 'matsa can' ba abin da nake ji."

"Rufe mini baki, sakarai."

"To na rufe. Amma hannuna rawa yake yi, kin gani? Ban taɓa yanka ko kaza ba. Ina tsoron in ba da kunya."

Na riƙe hannun. Sanyi ƙalau.

Da gari ya waye aka zo aka tafi da shi lambun baya. Ba a bar ni na bi ba. Daga baya wanda ya tsaya a bayansa da dogon takobi ya ce mini bai bar shi ya wahala ba, yana kai hannu ga wuƙar ya sauke masa. Ya faɗa mini haka yana jiran in yi godiya, kuma na yi. Sai suka cire masa farar rigar, suka sa masa kayan rakiya, suka yayyanka kayan, suka shafa masa taɓon titi. Matsayin da aka ba shi bai cika kwana ɗaya a jikinsa ba.

Da hantsi Sekine ya zo. Aka shimfiɗa Yagoro a rumfar barori, kansa a ajiye inda ya kamata ya kasance. Aka ce in durƙusa a gefe. Sekine ya ɗaga ƙyallen. Jiya ya ba ni kan mutum mai faɗin fuska da dogon hanci, yau ga ƙaramar fuska da kumburarren kunci, jinin ko bushewa bai yi ba. Ya sunkuya ya duba wuyan sama da ƙasa, ya gwada su, a hankali, kamar mai tsoron zalunci.

"Shi ne wanda na ba ki jiya?"

Tatewaki yana tsaye a kaina. Na ce, "Shi ne, ranka ya daɗe."

"Haka ni ma na gani. Sara ya yi daidai da sara." Ya rubuta, ya busa tawadar, ya juya ga Tatewaki. "Yaya jikin ubangida?"

"Da sauƙi. Ya ɗan sha kunu da safe."

"Madalla. A gaishe shi."

Kwana hamsin da uku ubangida ya yi yana jinya a cikin tulun gishiri, har fada ta amince da magajinsa, sannan aka ba shi izinin rasuwa. Gidan Tsurumaki ya tsaya da ƙafafunsa, ƙanwata ta aurar da 'ya'yanta a cikinsa. Samarin da suka yi kisan, bayan mutuwarsu mutanen gari har furanni suke kai wa kabarinsu, wai zuciyarsu tsarkakakkiya ce. Yagoro kuwa an rubuta shi cikin waɗanda suka kasa kare ubangidansu a gada.

Amma ba wannan ne ke tashe ni cikin dare ba. Bayan Sekine ya fita ranar, na ja jiki na ɗauki kan mijina na ɗora a cinyata, don in yi masa kukan da yake nasa. Na buɗe baki ke nan, sautin bai gama fita ba, Tatewaki ya dafa kafaɗata da yatsu biyu.

"Kin riga kin yi kukanki jiya, kowa ya ji," ya ce a hankali. "Yau ki yi shiru. Akwai mara lafiya a gidan."