Sai An Gai da Mai Jirgi

Tashar Marke ba ta da ma'aikaci ko ɗaya. Dakalin siminti ne mai tsawon taku arba'in a gefen layin dogo, da rumfar kwano wadda iska ta ɗauke rabinta, da allon suna da rana ta cinye rubutunsa. Akwai ɗan ɗaki mai tagar sayar da tikiti, amma an garƙame shi tun da daɗewa, har zanzaro ya yi gini a kan kwaɗon. Jirgin da ke tsayawa a nan Talata da Juma'a yake zuwa daga kudu, shi ma sai direba ya hango mutum a kan dakali yana kaɗa ƙyalle. Wanda ya shiga, a ciki yake biyan gadin jirgi kuɗin tikiti.

Nan motar 'yan doya ta sauke Hammadu da matarsa Tabawa da hantsin wata Talata, a ƙarshen damina, shekarun da garinmu Warra yake ƙarƙashin Jihar Sakkwato. Kwana biyu suka yi a hanya, rabi a ruwa, rabi a bayan mota. Kayansu kwandon kifi banda ne babba, da buhun gero, da ƙullin kanwa da yaji, da akwatin kwano na Tabawa.

Kaduna za su. 'Yarsu Barakatu, wadda ita kaɗai ta rayu cikin 'ya'ya biyar, ta haihu ranar Alhamis a can inda mijinta yake aikin masaƙa, suna kuma Alhamis mai zuwa. Haihuwarta ta fari a Kadunan ta yi ta, ba uwa a kusa, ba wanda ya san yadda ake dafa ruwan jego, jaririn kuma bai kai kwana goma ba. Tabawa ba ta yi kuka a gaban mutane ba, amma ta rantse cewa in Allah ya sake ba yarinyar, da hannunta za ta yi mata wankan. Wannan karon ma Barakatu ba ta da lafiyar da za a kawo ta gida. Dauda mai fataucin kifi ne ya zo da wasiƙar surukin, a ƙasanta an rubuta unguwa da layi da lambar gida. Hammadu ya sa aka karanta masa sau biyu, ya ninke ta, ya cusa a cikin hularsa, inda yake ajiye duk wata takarda mai muhimmanci. Tabawa ba ta san komai a cikinta ba sai kalmar Kaduna.

Dauda ne kuma ya ba su shawarar Tashar Marke. Ya ce ba turereniya, ba ɓarayi, kuma ta fi kusa. Ya gaya musu akwai wani jirgi mai gudu da zai fara wucewa, kada su damu da shi. Ya gaya musu batun ƙyalle. Abu ɗaya ya manta, don bai taɓa zaton akwai wanda ke bukatar a gaya masa ba.

Ya kamata in ce wani abu game da Hammadu. Yana da jirgin ruwa mai inji, yana ɗaukar mutane daga Warra zuwa kasuwannin bakin tafki, kuma tun kafin a datse kogi ubansa wannan aikin yake yi da gorar tuƙi. A wajenmu ba a sa ƙafa ko kaya a jirgin mutum sai an gaishe shi, an tambayi gida da ruwa, shi kuma ya ce bismillah. Kowa ya san wannan, amma Hammadu ya riƙe shi kamar farilla. Na ga ranar da wani malamin gona mai wando da takalmi ya faɗo masa cikin jirgi ba sallama. Hammadu ya dube shi. Ya kashe inji, ya zauna yana kallon ruwa, mutum ashirin suna jira, har sai da malamin ya fita ya sake shigowa ta hanyar da ta dace. Mutane suna yi masa dariya a bayan ido, suna kuma shiga jirginsa, don bai taɓa kifar da kowa ba.

Suka zauna a ƙarƙashin rabin rumfar da ta rage. Hammadu ya zaga ɗakin tikitin sau biyu yana sallama. Ya dawo ya ce wa Tabawa wannan wane irin wuri ne, tasha ba mai tasha. A Warra ko mashigin da jirgi ɗaya ke tsayawa yana da dattijon da ke zaune a bakinsa. Tabawa ta gyara zama. Tana duban inda ƙarafan biyu suka haɗe suka shige cikin ciyawa.

Wajen azahar jirgi mai gudun ya zo. Duk da abin da Dauda ya faɗa, Hammadu ya miƙe ya ɗaga masa hannu, don dai gaisuwa. Jirgin ya wuce da ƙara, ya watsa musu tsakuwa da warin baƙin mai, ba wanda ya ɗaga hannu daga ciki. Hammadu ya kakkaɓe rigarsa, ya ce wannan direban ba ɗan mutunci ba ne.

Can sai ga wata Bafulatana ta fito daga hanyar daji da ƙwaryar nono a ka. Sunanta Dudu, dattijuwa ce siririya, kuma duk Talata da Juma'a takan zo ta sayar wa fasinja ta taga. In akwai wanda za a kira mai tasha a Marke, to ita ce, ko da yake ba wanda ya naɗa ta. Ta dubi kwando da buhu da akwati, ta ce su jawo su bakin dakali tun yanzu, kuma da jirgi ya tsaya su jefa kaya su bi, don ba ya jira. Hammadu ya yi mata godiya cikin ladabi. Da ta juya ya ce wa Tabawa a hankali, mai nono ce za ta koya masa shiga jirgi.

Ya fito da goro fari guda uku daga aljihu, manya, ya duba su, ya mayar. Na mai jirgi ne.

La'asar ta yi sanyi kafin ƙarafan su fara tsuwa. Hammadu ya kwance rawanin da ya yafa a kafaɗa ya shiga kaɗawa, wannan kam ya iya, haka ake kiran jirgi a tafki. Jirgin ya yi kuka sau ɗaya, ya rage gudu. Kan jirgin ya wuce su, ya wuce ƙarshen dakali, ya ci gaba da jan taragai har ya je ya tsaya can nesa kusa da wata bishiyar marke.

"Kak ki taɓa komi," in ji Hammadu. "Bari in gai da mai jirgi in dawo."

"Malam, matag ga ta ce ba ya jira."

"Yanzu nika dawowa."

Ya sauka daga dakali ya bi gefen jirgin a kan tsakuwa, da tafiyarsa ta dattijo, ba sauri ba nawa. Tarago bakwai ne tsakaninsa da direba. Mutane suna leƙowa ta taga suna kallonsa, wasu yana gaishe su.

Dudu ta sayar da ludayi biyu, ta waiwayo ta ga Tabawa tsaye kusa da kaya kamar an dasa ta. Ta tambaye ta ina mijin. Tabawa ta nuna. Dudu ta ajiye ƙwaryarta a ƙasa, abin da ba ta saba yi ba, ta ɗauki ƙullin kanwa ta cilla ta ƙofa, ta kama Tabawa a damtse ta ce ta hau. Tabawa ta ce Malam ya ce kada ta taɓa komai. Dudu ta ce to ta zauna da Malam har Juma'a.

Shekara talatin da ɗaya Tabawa ba ta taɓa tsallake maganar Hammadu a gaban baƙo ba. Ta ƙirga a ranta: Juma'a, suna ya wuce da kwana ɗaya, yarinyar ta kwana takwas ba ruwan zafi daga hannun uwa. Ta kama ƙarfen ƙofa. Wasu mata biyu daga ciki suka ja ta, Dudu ta turo akwatin a bayanta. Kwando da buhu sun fi ƙarfinsu, suka bar su.

A can gaba Hammadu ya isa. Direban yana sama, a wani ɗaki mai tsawon mutum biyu daga ƙasa, injin yana ruri. Hammadu ya yi sallama da ƙarfi, ya tambayi hanya, ya tambayi gajiya, ya fara tambayar iyali. Direban, wani mai ƙiba da tawul a wuya, ya leƙo, bai ji ko kalma ɗaya ba. Ya ga dattijo yana miƙo goro, ya yi murmushi, ya ɗaga masa hannu. Daga baya gadi ya busa usur. Direban ya mayar da kansa ciki, jirgin ya yi kuka, ya motsa.

Da farko Hammadu ya ɗauka gyara tsayuwa zai yi, yadda shi ma yakan ja jirginsa gaba kaɗan don masu kaya. Tarago na farko ya wuce shi, na biyu ya wuce da ɗan sauri. Ya waiwaya dakali, ya hango kwando da buhu da Bafulatana, bai hango matarsa ba. Sai a tarago na bakwai ya gan ta, tsaye a bakin ƙofa, ta riƙe ƙarfe da hannu biyu, tana tahowa wajensa.

Abin da ya fara zuwa masa fushi ne, wannan shi da kansa ya gaya mini. Ta shiga jirgin mutum ba izini. Sai ta buɗe baki, kuma ba haƙuri ta ba shi ba.

"Takardar, Malam! Ban san gidan ba!"

Ya kai hannu kansa. Ba wanda ya taɓa ganin Hammadu ba hula tun da ya yi aure, ko a cikin ruwa, kuma ba wanda ya taɓa ganin ya yi gudu. Ya cire hular, ya ji ba ta da nauyin da za ta kai ko'ina. Goron nan uku suna hannunsa, ya zuba su ciki, ya dunƙule bakin. Ƙofar ta zo daidai shi ta wuce. Ya bi ta da gudu a kan tsakuwa, babbar riga tana harɗe shi, takalmi ɗaya ya fita, ya yi taku goma ko sha biyu, ya wurga. Hular ta bugi ƙirjin Tabawa ta faɗi a bakin ƙofa, ɗaya daga cikin matan ta take ta da ƙafa kafin iska ta ɗauke.

Taragai uku na ƙarshe suka wuce shi cike da fuskoki, wasu suna dariya. Gadin, a ƙofar baya, ya dube shi kawai.

Ya koma ya ɗauki takalminsa, ya tako zuwa dakali. Sanƙonsa fari fat, ya bambanta da fuskar da rana ta ƙona shekara hamsin. Dudu ta kawar da kai, ta shiga gyara faifan ƙwaryarta. Ya naɗa rawanin a kansa yadda ya samu, ya zauna a kan buhun gero. Tashar ta koma yadda suka same ta, sai kukan kurciya.

Dudu ta aza ƙwarya za ta tafi, sai ta tsaya ta tambaye shi ko ya samu ya gai da mai jirgin.

"Na gaishe shi," in ji Hammadu. "Ya amsa."

Bai jira Juma'a ba. Ya ce ba zai shiga Kaduna bayan suna da kwandon kifi a ka yana tambayar gidan surukinsa ba. Ya bar wa Dudu geron, ya kwana a ƙauyen da ke bayan tashar, da safe ya sami mota. Ya iso Warra da sabuwar hula ta kasuwa wadda ta yi masa girma, kuma duk wanda ya tambaye shi ina Tabawa, sai ya ce ta yi gaba. Wata ɗaya da rabi ba wasiƙa. Dauda ma bai je Kaduna ba a tsakanin. Hammadu ya rame, ya rage magana, ya ci gaba da jigila. Ni na san tsoro yake ji, don sau biyu ya tambaye ni ko Kaduna ta fi Yelwa girma ƙwarai.

Wata ranar kasuwa yana ɗaukar fasinja a mashigin da ke kusa da madatsar ruwa, jirgi ya kusa cika, sai ga Tabawa ta gangaro da akwatin kwano a ka. Ina cikin jirgin. Ba ta yi sallama ba, ba ta tambayi ruwa ba. Ta taka gefen jirgin, ta ratsa ta tsakanin buhuna, ta zauna a benci na kusa da inji. Mu duka muna jiran a kashe inji.

Ta buɗe akwatin ta fito da hular, wankakkiya, an ninke ta, ta ajiye a kan gwiwarsa.

"Daren Laraba nis samu gidan," ta ce. "Jaririn namiji na. Shina nan da rai, da shi da uwa tai."

Hammadu ya dubi hular, ya cire ta kasuwar a gabanmu duka, ya sa tasa. Sannan ya ce wa na bakin gaɓa ya kwance igiya.