Injin Niƙan Babayo

Zakiyya ta rantse wa Inna Aishatu cewa ba wanda zai gane ta a fim ɗin da take haɗawa. Shekara goma sha ɗaya tsohuwar tana ƙunshe da abin da ta hango ta kafar katanga a Ƙofar Dumi, ranar da aka yanka Alhaji Musaddiq mai hatsi a zaurensa da rana tsaka. Har yau ba a kama kowa ba. Inna ba ta ga fuskar makashin ba. Ta dai ga ya tuɓe takalmansa, ya haɗa su fuska da fuska, ya jingina su da bango, sannan ya shiga kamar mai zuwa gaisuwa.

A gidan Inna aka ɗauki hirar. Zakiyya ta dusashe fuskarta, ta mayar da muryarta ta namiji, har lallen hannunta sai da ta rufe. Aikin ya burge ta, ya kuwa fasa mata kai. Shi ya sa kafin ta saki fim ɗin ta gayyato Malam Hammawa ofishinta ya fara kallonsa. Aminin marigayin ne, ya sha kuka gaban kyamararta har sai da ta miƙa masa hankici.

Ya zauna a kan darduma ya kalla. Da aka zo wurin mai shaidar, ya roƙe ta ta maimaita. Wannan karon ya rufe ido ya karkata kai. Can ƙarƙashin muryar, wani injin niƙa ya yi tari sau uku ya mutu, abin da Zakiyya ta ji sau ɗari ba ta kula ba.

"Allah sarki, har yau Babayo bai gyara injin nan ba," in ji shi yana murmushi. "Gida biyu ne ke jin tarinsa kusa haka, 'yata. Ɗayan kuwa kango ne."

Ya sa mata albarka ya tashi, ta raka shi bakin ƙofa. A nan ta ga takalmansa jingine da bango, fuska da fuska. Tsoro ya kama ta.

Bai yi gaggawa ba. Ya saka su, ya tsayar da ɗan acaɓa, ya ce Ƙofar Dumi.

Nan take ta kira wayar Inna. Masallatai sun riga sun tayar da La'asar, Inna kuwa ba ta taɓa waya sai ta gama lazimi.