Hoton Bangon Baya

Malam Sharfaddeen ya juya littafin zuwa bangon baya, nan take fara'arsa ta ɗauke. Shekara da shekaru yana rubuta shi: tarihin yadda Sifaniyawa suka yi ta jigilar bayi zuwa gonakin rake a Kuba, da irin faman da aka sha kafin a hana cinikin. Ya bar ɗalibansa a Kano ya biyo 'yan kasuwa har Guangzhou, don an ce ɗab'i ya fi sauƙi a nan. Ga littattafai an cika kwalaye, saura a kai su filin jirgin Baiyun. Amma hotonsa ya fito baƙi ƙirin, ba ka ganin komai sai haƙora da tabarau.

Tankari, ɗan Maraɗi mai yi masa tafinta, ya leƙa ya ce ai ba laifi, ana gane shi sarai. Wannan ta fi komai ɓata wa Malam rai. Shi da 'yan uwa ke kira Bafillace don haske, a ƙaddamar da littafinsa gaban manya da wannan fuska?

Ko jiya ma Malam ya hana mutane cin abinci cikin daɗin rai a wani gidan abinci na unguwar Xiaobei, yana ba su labarin sarƙa da bulala har da share hawaye, miyarsa tana hucewa. Malam akwai tausayi, in dai waɗanda za a tausaya wa sun daɗe da mutuwa.

Mai maɗaba'ar ya saurari koken Malam a kan hoton, ya yi wa Tankari dogon bayani. A bakin ƙofa matan da ke ɗinkin littattafai suna tsaye da jakunkuna da ledojin lemo. Tankari ya ce gyara zai yiwu, amma sai an ɓare bangon kowane littafi da hannu, kuma matan nan yau za su tafi hutun sabuwar shekararsu. Sau ɗaya suke zuwa gida a shekara, wasu sun bar goyo a ƙauye. In jirgin ƙasa ya tashi ba su, ba sauran tikiti.

"Malam, ka bar su su tafi," in ji Tankari. "Hoto ne fa kawai."

Malam ya dubi matan, ya ji tausayinsu, tsakani da Allah ya ji. Sai ya sake duban hoton.

"Ni ban ce a hana kowa tafiya ba. Na ce a gyara mini aikina. Yadda zai yi da mutanensa, shi ya sani."

Mai maɗaba'ar ya faɗi 'yan kalmomi, ya jawo ƙofar ƙarfe ya ɗana kwaɗo, ya jefa mabuɗin a aljihu. Matan suka koma bakin aiki. Wata mai furfura ta ajiye jakarta ƙarƙashin tebur, ta ɗauki littafi na farko, ta ɗan dubi zanen mutanen da aka jera cikin sarƙa a bangon gaba, ta ɓare shi.

Malam ya fara fifita da hularsa, yana waige-waige.

"Tankari, ce masa ya buɗe mini in fita. Ni ba na iya zama a kulle."