Ƙofar Zauren da Ba a Yanka Ba

Gida na bakwai ke nan ma'aikatan ƙaramar hukuma suka fito da shi daga ɗakin Baba Jamus suka jefa a motar shara. Gidajen kwali ne ƙanana, kowanne bai wuce faɗin faranti ba. Nuru yana tsaye bakin matakala riƙe da jakarsa, ya kasa tafiya jami'a, ya kasa komawa ciki.

"Kauce, Malam Nuru," in ji Iliasu, direban tasi ɗan Ghana da ke zaune a ƙasan benen. "Kada kayan tsafin nan su taɓa ka, ka wayi gari kana Jamusanci."

Nuru bai yi dariya ba, domin daga bakinsa maganar tsafin ta fara fita.

Sunan tsohon Reinhold. Shekara arba'in ya yi a Jamus yana tsara ɗakunan da ake ɗaukar fim da wasannin talabijin a cikinsu, kafin ya biyo matarsa Manchester ta Ingila, ta rasu ta bar shi a unguwar Cheetham Hill. Tun da aka rage zuwan mai kula da shi daga kullum zuwa sau biyu a mako, Nuru ne ke hau masa da burodi da madara. Tsohon ya yi ta tambayarsa gidan mahaifinsa a Kano: tsayin zaure, kaurin katanga, inda rana ke faɗowa da la'asar. Nuru, mai difloma a fannin safiyo, yana ba shi amsa dalla-dalla, har da awo.

Wata rana ya tarar da gidan nasu, an ƙera shi da kwali, a kan teburin tsohon, da rijiya da bishiyar darbejiya. A tsakar gida kuma ga wani ɗan mutum-mutumi tsaye, da hula da tabarau irin nasa. Ya zargi tsafi ne. Ya gaya wa Iliasu, ya bugo wa mahaifiyarsa. Ta ce, "Siffarka a hannun wanda ba ka san asalinsa ba? Ka fita harkarsa."

Ya fita harkar tasa. Ranar Talatar da ta wuce, da hantsi, tsohon ya ƙwanƙwasa masa.

"Nuru, tambaya ɗaya ce. Ƙofar zauren, hagu take ko dama?"

Nuru yana tsaye a bayan ƙofa, ya riƙe numfashinsa har ƙarar sandar tsohon ta yi nisa. Sai ranar Juma'a mai kula da shi ta sami tsohon a kujera, rai ya yi halinsa.

Yanzu Nuru ya matsa ya leƙa motar. Ga kicin, ga ofishin 'yan sanda, ga ɗakin asibiti. Kowanne da ɗan mutum-mutuminsa a tsaye.

"Me ya sa duk akwai mutum a ciki?" ya tambayi Rebecca, jami'ar da ke rubuta kayan.

"Don a gane tsayin rufi," ta ce, ba ta ko ɗago ba. "Haka masu aikinsu ke yi. Ka san shi? Muna neman wanda zai zo jana'izar, ko mutum ɗaya."

Ya ji idon Iliasu a ƙeyarsa. "Maƙwabcina ne," ya ce a hankali. "Rubuta sunana."

Da aka fito da gida na takwas, mai rijiya da darbejiya, Nuru ya tare ma'aikacin ya karɓa da hannu biyu.

"Malam, ka tabbata?" in ji Iliasu.

Nuru ya rungume gidan. Ya hau da shi ɗakinsa ya ajiye a bakin taga. Bangon zauren yana nan a rufe, an zana ƙofa biyu da fensir, ɗaya hagu ɗaya dama, kowacce da alamar tambaya. Nuru ya ɗora yatsa a kan ta hagun. Ɗan mutum-mutumin yana tsaye a tsakar gida, hasken la'asar yana faɗowa a kafaɗarsa.