Tsire a Takardar Siminti

Motar Gummi ba ta gama cika a tashar Anka ba, wani mai tsire ya turo farantinsa ta taga, daidai hancin Nusaiba. Ƙuli, mai, ɗanyar albasa. Ta toshe baki da gefen hijabi, amma aman ya riga ta.

"Ikon Allah, ciki ne!" in ji tsohuwar da ke kusa da ita, tana dariya. "Allah shi raba lafiya, ɗiyata."

Nusaiba ba ta da ciki. Shekara huɗu ke nan, duk ranar da mijinta Lukman ya dake ta, washegari sai ya shigo da tsire a takardar siminti, ya zauna gabanta ya ce ta ci. Ba ya tashi sai ta haɗiye, ko da leɓenta a fashe yake, yaji na shiga ciwon. In ta cinye, magana ta wuce. Yanzu ko hayaƙin nama ta shaƙa daga nesa sai amai ya taso mata, ta ji tana ƙyamar bakinta ita kanta.

Da azahar ta isa gidan Inna, mahaifiyarta. Abu ɗaya take roƙo, kada a mayar da ita. Sau biyu tana zuwa ana mayarwa.

La'asar na yi sai ga ƙarar babur. Lukman ya shigo ya durƙusa, murya ƙasa-ƙasa kamar mai ta'aziyya.

"Inna, sharrin Shaiɗan ne. Ga ɗan abin taɓawa."

Ya ajiye ƙunshin a tabarma, mai ya jiƙe takardar. Nusaiba ta ruga gindin rumbu tana kakari, duk da babu komai a cikinta.

Inna ta juya wajenta.

"Nusaiba, wanga abu shi yake kawo miki? Bayan ya yi?"

Ta gyaɗa kai.

"Marigayi babanku rake yake kawowa," in ji Inna a hankali.

Sai lokacin Nusaiba ta tuna, tun tasowarta ba ta taɓa ganin Inna ta sha rake ba. Ko mai talla ya yi sallama da shi, korarsa take yi.

Inna ba ta taɓa ƙunshin da hannu ba. Tsintsiya ta ɗauko, ta share shi daga tabarma, ta bi da shi cikin ƙasa da kashin awaki har ƙofar zaure.

"Tashi ka bi namanka," ta ce wa Lukman.

Sannan ta ɗebo toka ta zuba inda man ya ɗiga.