Ranar Da Darakta Ya Yi Shiru

Ƙarfe goma na safe ne, amma rana ta riga ta gasa rufin ɗakin ɗaukar fim kamar azahar. An rufe ƙofofi, an kashe fankoki, wai kada ƙararsu ta shiga makirfo. Barney Tolliver yana zaune a bayan tebur cikin kakin shugaban gidan yari, gumi na kwashe hodar da aka shafa masa yana gangarawa da ita cikin wuyan riga.

Ya tsufa a wannan sana'a a Hollywood. Ba a taɓa rubuta sunansa da manyan baƙaƙe ba, amma fuskarsa kowa ya san ta. In ana neman mugun kawu, ko alƙali mai cin hanci, ko matuƙin jirgin ruwa mai dukan ma'aikatansa, shi ake kira. Gira kawai zai ɗaga ka ji mata suna tsaki a cikin silima. A da fim ba a jin magana a cikinsa, yanzu kuma an ce sai da magana, an kwaso 'yan wasan dandamali daga New York an cika gari da su. Shi aku yake ce musu, wai hadda kawai suka iya.

Ɗaya daga cikinsu ce durƙushe a gabansa, Corinne Vail, ta ba kyamara baya. A labarin, roƙonsa take yi ya bar ta ta ga wanta da ke tsare.

"Yarinya, matsa," in ji shi. "Kin tare mini haske. A can garinku ba a koya muku komai sai buɗe baki?"

"Ina kwana, Mista Tolliver," ta ce, ta ɗan matsa.

Darakta Drummond ya ɗaga hannu, aka buga ƙararrawa, wuri ya yi tsit. Corinne ta yi roƙonta har muryarta na rawa, ta gama. Tolliver ya zauna yana kallonta. Abin da ya rage masa ba shi da yawa: ya dubi ƙofa, ya ɗauki makullai ya sa a aljihun tebur, ya ce ba mai shiga yau. Ya san haka sarai. Sai dai tun da yake bai taɓa motsa ko yatsa a gaban kyamara ba sai ya ji darakta ta cikin ƙahonsa na ƙara murya yana cewa dubi ƙofa, Barney, yanzu ɓata rai, yanzu tashi. Kunnensa na can yana jira. Ba wanda ya ce uffan.

"A tsaya," Drummond ya ce. "Barci kake yi, tsoho?"

"Kai nake jira."

"Jiran me? In na yi tari ma sai ya fito a fim."

Masu fitila suka yi dariya daga sama. Tolliver ya harare su. Yara ne, rabinsu ba su san yadda ake juya kyamara da hannu ba.

Aka sake. Wannan karon Tolliver bai jira kowa ba. Corinne ba ta kai ƙarshen maganarta ba ya wawuri makullan ya maka su cikin aljihun tebur. Mai ɗaukar sauti ya fito daga ɗakinsa na gilashi yana sosa kunne.

"Wane ne ya zubar da kwanuka?"

"Je ka koma kejinka," Tolliver ya ce.

Drummond ya taso ya dafa teburin, ya yi ƙasa da murya, amma kowa na ji. "Saura sau ɗaya, Barney. Akwai wani ɗan New York a waje, kakin nan zai yi masa daidai. Kai kuma ka bi layin 'yan cika wuri a bakin ƙofa."

Tolliver ya san layin. Kullum da safe yana wuce shi, har da mutanen da suka yi tashe tare a ciki, riƙe da hulunansu. Bai taɓa gaishe su ba.

Ƙararrawa ta sake bugawa. Corinne ta yi roƙonta, ta gama. Shirun nan ya sake danne Tolliver. Can sai ya lura leɓɓanta na motsi, ba sauti. Kyamara ba ta ganin fuskarta, shi kaɗai ke gani.

Ƙofa, in ji leɓɓan. Ya dubi ƙofa.

Makullai, a hankali. Ya ɗauke su kamar ƙwai, ya ajiye.

Ɓata rai. Girar nan ta tashi, fuskar da aka sani ta dawo wurinta.

Yanzu.

"Ba mai shiga yau," ya ce.

"Ya yi," in ji Drummond. "A buɗe ƙofofin nan kafin mu dahu."

Tolliver ya miƙe yana gyara kaki, bai ko dubi inda take ba. "Drummond, ka gaya wa akun nan ta daina mutsu-mutsu da baki in ta gama nata. Raba mini hankali take yi." Ya wuce wajen mai hoda.

Corinne ta tashi, ta karkaɗe ƙurar gwiwarta. Fitowa ta gaba ma su biyun ne, kuma an shirya kyamara za ta ɗauki fuskarta kusa.

"Mista Drummond," ta ce, "in ba damuwa, ta gaban ma a bar ni in ba kyamara baya."

Drummond ya dube ta, ya ɗaga kafaɗa. "Fuskarki ce," ya ce, ya kira masu fitila su juya haske wajen teburin.